Fashin Baƙi: An ci bashi an shimfiɗa dogo, to me ya sa har yanzu tirela ce ke kai kayanmu Legas?

Duk sanda jirgin Abuja zuwa Kaduna ya samu matsala, ko ya goce daga kan layi kamar yadda ya faru a Asham a watan Agustan 2025, ko kuma minista ya je duba aikin Kano zuwa Maraɗi ya sake sa wata ranar kammalawa, sai ka ga muhawara ta kaure, wannan ya ce wallahi an yi aiki ba a taɓa yin irinsa ba, wancan ya ce aikin me, bashin Chaina kawai aka jibga mana. Amma tambayar da ta fi dacewa a yi ba kasafai ake yinta ba: tunda an kashe biliyoyin daloli a harkar jirgin ƙasa daga 2011 zuwa yau, me ya sa mai tumatir a Kadawa da mai shanu a Wudil da mai kwantena a Kantin Kwari duk har gobe tirela suke nema? Amsar tana cikin yadda aka shimfiɗa dogon kansa, kuma sai an bi ta daki-daki.

Dogo iri biyu ne a ƙasar nan

Wannan shi ne abin da yawancinmu ba mu sani ba, kuma shi ne tushen rikicin. Akwai tsohon dogo, siririn layi, wanda tazarar da ke tsakanin ƙarafansa biyu milimita 1,067 ce, tsawonsa duka wajen kilomita 3,500. Sannan akwai sabon dogo, mai faɗi, tazararsa milimita 1,435, shi ne wanda ake hawa daga Rigasa a Kaduna zuwa Idu a Abuja. Ƙafafun tarago a kafe suke a jikin ƙarfe ɗaya, ba sa buɗewa ba sa tsukewa, saboda haka jirgin da aka ƙera wa siririn layi ba zai taɓa hawa mai faɗi ba, na mai faɗin ma ba zai sauko kan siriri ba. A Kaduna ma tashoshin daban-daban ne, tsohuwar tana cikin gari sabuwar tana Rigasa. Kenan in an ce Najeriya tana da kilomita kaza na layin dogo an haɗa abu biyu ne da ba sa gaisawa da juna.

Tsohon yana da manyan rassa biyu. Na yamma ya taso daga Legas ya bi Ibadan, Ilorin, Jebba, Minna, Kaduna, Zariya ya shiga Kano, kilomita 1,126, ya zarce Nguru, wani reshen kuma ya balle daga Zariya ya bi Funtuwa da Gusau ya tsaya a Ƙaura Namoda. Na gabas ya taso daga Fatakwal ya bi Aba, Inugu, Makurɗi, Kafanchan, Bauchi, Gombe har Maiduguri. A taswira abin gwanin sha'awa. A ƙasa kuwa mafi yawansa ciyawa ta cinye, wani wurin an yi kasuwa a kai, za ka ga mai gwanjo ya baza riguna a kan ƙarfen, mai rake ya jingina kurarsa, yara na wasan tafiya a kan dogo suna ware hannuwa, babu mai waiwayawa don kowa ya san ba abin da zai taho.

Don kaya aka yi shi tun asali

Turawan mulkin mallaka ba don mu riƙa ziyartar juna suka shimfiɗa dogo ba, don kwasar kaya zuwa bakin teku ne, kuma wannan ba ɓoyayyen abu ba ne. Layin Legas ya isa Ibadan a 1901. A Arewa kuma an faro wani daga Baro a bakin kogin Kwara, ya iso Kano a 1911, aka haɗe su a 1912. Abin da Bature ya sa rai a kai auduga ce don masaƙun Ingila, sai manoman Kano da fatakenta suka duba suka ga gyaɗa ta fi kuɗi, suka juya akalar gaba ɗaya, irin su Alhassan Ɗantata suka shiga sayen gyaɗa gadan-gadan. Dalar gyaɗa da muke alfahari da hotonta buhuna ne da aka tara suna jiran tarago, domin gyaɗar ta fi ƙarfin jirgin.

Haka layin gabas, kwal aka gano a Inugu shi ya sa aka ja dogo daga Fatakwal ya isa can a 1916. Kuza ta ja shi zuwa Jos. Ƙaura Namoda ta samu nata a 1929, Nguru a 1930, Maiduguri ce ta ƙarshe a 1964 bayan an samu 'yancin kai. Sakkwato kuwa duk girmanta jirgin ƙasa bai taɓa shiga cikinta ba har yau. Garuruwa irin su Kafanchan da Minna dogo ne ya raya su, Sabon Garin Kano da na Zariya ma da ma'aikatan reluwe da 'yan kasuwar da jirgi ya kawo suka cika. A shekarar 1964 hukumar jiragen ƙasa, wadda aka kafa da dokar 1955, ta ɗauki fasinja sama da miliyan 11 da kaya kusan tan miliyan 3. A lura da kayan nan, shi ne ke biyan albashi da gyara, fasinja ɗan rakiya ne.

Yadda aka yi ya durƙushe

Akwai maganar da ta shahara a majalisu, wai masu tireloli da tankoki ne suka haɗa baki suka kashe jirgi don su ci kasuwa. Cewa sun amfana da mutuwarsa gaskiya ne, kuma ba wanda zai so a taɓa masa abincinsa, amma ni dai a ganina ɗora musu laifin duka sauƙaƙa wa gwamnatocin da suka yi sakacin ne. Abubuwa ne suka taru. Yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970 ya lalata layin gabas. Sai kuɗin fetur ya shigo aka karkata ga gina manyan tituna, mota ta zama ita ce wayewa. Fari da cutar gyaɗa na shekarun 1970 suka karya noman gyaɗar da ke cika taragu, kwal ya mutu, kuza ta ja baya, man fetur kuma aka ja masa bututu zuwa defo-defo. Kayan da dogon ya dogara da su suka ɓace ɗaya bayan ɗaya kuma ba a nemo masa wasu ba.

Shi kansa layin tsohon yayi ne, kwana-kwana da hawa da gangara sun yi masa yawa saboda an gina shi da araha, layi ɗaya ne tal, in jirgi biyu za su haɗu sai ɗaya ya raɓe a tasha ya jira. Dokar 1955 kuma ta ba hukuma ɗaya ta gwamnatin tarayya komai, ita ce mai dogo ita ce mai jirgi ita ce mai sa ido a kan kanta, ɗan kasuwa ba shi da ƙofar shiga. An ɗauko kamfanin RITES na Indiya daga 1979 zuwa 1982 abin ya ɗan farfaɗo, suna tafiya ya koma gidan jiya. Abacha ya ba CCECC na Chaina kwangilar gyara a 1995. Obasanjo ya sa hannu a kan kwangilar dala biliyan 8.3 a 2006 don sabon layi daga Legas har Kano, gwamnatin 'Yar'aduwa ta dakatar da ita saboda babu tabbacin inda kuɗin zai fito. Zamanin Jonathan aka gyara tsohon layin jirgin Legas zuwa Kano ya dawo a Disambar 2012, tafiyar sama da awa 30, mutane sun yi murna sosai don kuɗinsa bai kai na mota ba, amma bai ɗore ba.

Guntaye uku da ba su haɗu ba

Da kwangilar 2006 ta gagara a dunƙule sai aka ce to a yi ta gunduwa-gunduwa, kuma daga nan ne muka samu abin da muke da shi yanzu. Abuja zuwa Kaduna kilomita 186, an fara zamanin Jonathan Buhari ya buɗe a Yulin 2016. Itakpe zuwa Warri kilomita 326, wanda aka faro tun 1987 don kai wa kamfanin ƙarafa na Ajaokuta da na Aladja kaya, sai 2020 aka buɗe shi, sama da shekara 30 kenan. Legas zuwa Ibadan kilomita 157, aka buɗe a Yunin 2021. Duka ukun masu faɗi ne, duka suna aiki, kuma babu wanda ya taɓa ɗan'uwansa a cikinsu.

Nan ne gizo ke saƙar. Ka ɗauki kwantenar ɗan kasuwar Kano da ta sauka a tashar Apapa. Za a iya ɗora ta a sabon jirgi, amma iyakarta Moniya a Ibadan, dogon ya ƙare. Daga nan sai a sa ƙugiya a sauke ta a ɗora wa tirela, ta kama hanyar Ilorin, Jebba, Mokwa, ta yi ɗaruruwan kilomita a kan titin da kowa ya san halinsa. Ɗan kasuwa da ya iya lissafi zai ce to me ya kai ni biyan lodi sau biyu, gara tirelar ta ɗauko tun daga Apapa. Abin kamar bututun ruwa ne da aka shimfiɗa wani a bakin dam wani a ƙofar gida aka bar tsakiya, komai kyan bututun ruwa ba zai zo ba. Tsakiyar nan, wato daga Ibadan zuwa Abuja ta Ilorin da Minna, ita ce mafi tsawo mafi tsada, kuma ita ce ba a shimfiɗa ba. Haɗa Itakpe da Abuja ma da aka yi ta magana har yanzu a takarda yake.

Kaduna zuwa Kano, kilomita 203, an aza harsashinsa a Yulin 2021, ya yi ta jan ƙafa saboda bankin Chaina da aka sa rai zai ba da kuɗin ya ja baya, sai a farkon 2025 wani bankin na Chaina ya saki kashin farko.

Maganar bashi

Eh an ci bashi. Layin Abuja zuwa Kaduna bankin Exim na Chaina ya ba da dala miliyan 500 gwamnati ta cika sauran, na Legas zuwa Ibadan bashinsa ya haura dala biliyan 1. A 2020 an yi ta cece-kuce a majalisar wakilai lokacin Amaechi yana ministan sufuri, cewa wai an jinginar da 'yancin ƙasa a cikin yarjejeniyar. Abin da sharaɗin yake nufi shi ne in an kasa biya aka je gaban masu sasanci Najeriya ba za ta ce ita ƙasa ce ba a ƙararta ba, kuma irin wannan sharaɗi ana sa shi a basussukan ƙasashe da yawa. Bashin da Bankin Duniya ke bin mu ma ya fi na Chaina nesa ba kusa ba. To ni ba wannan ne ke tayar min da hankali ba.

Abin tashin hankalin shi ne da dala aka ranto, da naira ake sayar da tikiti. Lokacin da aka buɗe layin Kaduna dala tana wajen naira 300, a 2024 ta kai 1,500, bashin ya ninka kusan sau biyar a kuɗinmu. Ga dizal, ga kayan gyara da duk daga waje ake sayowa. A duniya ma da wuya ka samu jirgin fasinja da ya biya kuɗin gina layinsa, gwamnatoci ne ke tallafa masa don amfanin jama'a, inda kuɗi yake shi ne siminti, taki, hatsi, ƙarfe, kwantena, man fetur. Mu kuma mun gina guntayen da suka fi dacewa da fasinja, kenan bashin daga baitulmali ake biyansa, daga harajin mutumin Gashuwa da na Yawuri da ba su taɓa ganin cikin taragon ba. Wannan ba ya nufin kar a gina, yana nufin barin aikin rabi ya fi kowane zaɓi tsada.

Rigimar Maraɗi

Babu layin da ya sha suka kamar na Kano zuwa Maraɗi. Kilomita 284 ne, kamfanin Mota-Engil na Fotugal ke yi, kuɗinsa kusan dala biliyan 2, an ƙaddamar a Fabrairun 2021, zai bi Kazaure, Daura, Katsina, Jibiya, da wani reshe zuwa Dutse. Masu suka, musamman daga Kudu, cewa suke ina dalilin kai wa wata ƙasa dogo da bashinmu alhali Inugu da Maiduguri suna zaune babu, wasu ma suka ce Buhari ya yi wa danginsa ne. Ƙorafin nasu na farko yana da tushe, domin layin Fatakwal zuwa Maiduguri da aka ƙaddamar da gyaransa a 2021 a siririnsa aka ce za a bar shi, kuma abin da aka kammala Fatakwal zuwa Aba ne kawai, wajen kilomita 60. Mutumin Bauchi da Gombe da Borno yana da haƙƙin ya yi wannan ƙorafin fiye da kowa, sai dai ba a cika jin muryarsa ba.

Amma cewa an yi wa Nijar aiki kyauta ba daidai ba ne. Kusan duk layin a cikin Kano da Jigawa da Katsina yake, ɗan abin da ya tsallaka daga Jibiya ne zuwa Maraɗi. Kuma cinikin Kano, Katsina da Maraɗi ya girmi iyakar da ke tsakaninsu. Nijar ba ta da teku, kayanta sun saba bi ta Kwatano da Lome, ba ta da jirgin ƙasa mai aiki, layin da kamfanin Bolloré ya shimfiɗa daga Yamai zuwa Doso yana nan kwance ba a amfani da shi. In Najeriya ta janyo kayan Nijar suka riƙa bi ta tasoshinta, kuɗi ne. Sharaɗin dai shi ne dogon ya kai teku. In aka gama Maraɗi zuwa Kano, aka gama Kano zuwa Kaduna, jirgi zai iya tasowa daga Maraɗi ya zo Idu a Abuja ya tsaya cak, saura ɗaruruwan kilomita kafin Apapa. Ni ina goyon bayan layin Maraɗi ɗari bisa ɗari, amma da ni aka tambaya da tsakiyar aka fara yi. Sannan ga siyasa, tun juyin mulkin Yulin 2023 dangantakar Abuja da Yamai ta yi tsami har aka rufe iyaka na tsawon watanni, dogo kuma ba ya aiki in iyaka a rufe take.

Tsaro, ɓarayin ƙarfe da cuwa-cuwar tikiti

Abin da ya cika jirgin Kaduna da mutane tun farko tsoron titin ne, lokacin da masu garkuwa suka addabi Rijana da Katari. Manya da ƙanana kowa ya koma Rigasa, ka je da asuba ka ga layi, ga mai babbar riga da 'yan sandansa ga ɗalibi da jakar goyo ga uwa da goyo da kwanon abinci, duk ana rububin kujera ɗaya. Sai ranar 28 ga Maris 2022 'yan ta'adda suka dasa bam a kan dogon suka buɗe wa jirgin wuta, aka kashe aƙalla mutum 8 aka kwashe sama da 60 zuwa daji, na ƙarshensu sai a Oktoba suka fito, jirgin bai dawo aiki ba sai Disamba. Allah Ya jiƙan waɗanda suka rasu. A Janairun 2023 ma an sace fasinjoji a tashar Igueben ta jihar Edo a layin Warri. Dogo abu ne mai tsawo a cikin daji, ba ya kaucewa, duk mai mugun nufi ya san inda zai bi da lokacin da zai bi, kuma layin Kano zuwa Jibiya ta yankin da ke fama da 'yan bindiga zai ratsa, dole a sa kuɗin tsaronsa a lissafi tun yanzu.

Sai ɓarayin ƙarfe. Ana kwance kusoshi da maƙalan da ke riƙe dogo, ana yanka ƙarfen da wuta a loda a tirela a kai wa masu narkarwa, an sha kama motoci maƙare da shi a Nasarawa da Kaduna da Filato. Yaron jari-bola da ake nunawa a talabijin shi ne ƙaramin ɓarawo, ƙarfen dogo ba ya ɗaukuwa a buhu, akwai mai mota akwai mai saye akwai mai kau da kai a shingen hanya. Tikiti kuma an koma sayar da shi ta intanet tun 2021 don a kashe cuwa-cuwa, amma har yanzu fasinjoji na kukan cewa minti kaɗan da buɗewa sai a ce ya ƙare, sannan ka same shi a hannun wani a bakin tasha da ƙarin kuɗi.

To talaka me zai gani a ƙasa?

Wanda bai taɓa hawa jirgi ba ma dogo ya shafe shi ta hanyar farashi. Kwandon tumatir da ya kwana uku a hanya rabi ya ruɓe, saniyar da ta sha tsayuwa a tirela ta rame ko ta faɗi a yanka ta a gefen titi, kuɗin dizal, kuɗin shingaye da ake karɓa daga wannan jiha zuwa waccan, duk a kan mai saye da manomi suke ƙarewa. Jirgi ɗaya mai tarago 30 ya ɗauke wa titi tirela 30 ko fiye, titin ya daɗe bai fashe ba, haɗarin tanka ya ragu. An gwada ɗaukar shanu daga Gusau zuwa Legas a tsohon layi a 2016 kuma sun isa, abin da ya rasa shi ne ɗorewa. Tasoshin tsandauri da aka buɗe, ta Kaduna da ta Dala a Kano da ta Funtuwa, an yi su ne don ɗan kasuwa ya karɓi kwantenarsa a gida ya biya kwastan a gida, amma ba jirgi mai zuwa a kan kari ai rabin amfaninsu ya tafi. Direbobin tirela kuma ba za su rasa aiki ba kamar yadda ake tsorata su, jirgi ba ya shiga Dawanau ko Singa ko gonar kowa, doguwar tafiyar ce za ta koma gajeru.

Wani canji da ba a cika magana a kai ba shi ne gyaran tsarin mulki na Maris 2023, wanda ya cire harkar jirgin ƙasa daga hannun tarayya ita kaɗai ya ba jihohi dama su ma su yi. Legas ta riga ta yi nisa, jiragenta na cikin gari biyu suna ɗaukar mutane, shuɗin layi tun 2023 jan layi tun 2024. Jihohinmu na Arewa ba su da kuɗin Legas, amma ba sai sun gina sabo ba, tsohon dogon yana nan kwance daga Kano zuwa Nguru, daga Zariya zuwa Ƙaura Namoda, filinsa na gwamnati ne ba sai an biya diyya ba, gyara shi ya ɗauki hatsi da dabbobi da masu zuwa cin kasuwa bai kai kuɗin sabo ko kusa ba, in gwamnoni uku ko huɗu suka haɗa kai da hukumar.

Ranar da aka buɗe Kaduna zuwa Kano za a yi biki kuma ya cancanta, mutumin Kano zai shiga jirgi ya sauka Abuja ba tare da ya bi titin Zariya ba. Amma mai kwantena da mai tumatir sai sun ga an ba da kwangilar Ibadan zuwa Abuja da kuɗinta a hannu, ko kuma an gyara tsohon layin Legas zuwa Kano yadda jirgin kaya zai riƙa tashi a ranar da aka ce zai tashi, kafin su sallami direbansu.